Allo ko Ƙuri'a

Kalmar dakaru ta faɗaɗa a bakinmu. Yau idan gidan rediyo ya ce dakarun Najeriya, har da na sama da na ruwa yake nufi. A Hausar kakanninmu kuwa dakare shi ne mayaƙin da ke tafiya a ƙasa, ba doki ba sulke, daga shi sai garkuwa da mashi, ko baka da kwari. Mawaƙan fada ba su cika kula shi ba, kirari na barde ne. Amma daular Rum, wadda har gobe makarantun soja ke nazarin tsarinta, a kan ƙafar dakare ta tsaya. Rumawan da muke nufi su ne na birnin Rum da ke Italiya. Waɗanda suka yi zamani da Sahabbai magadansu ne na gabas, ɗaruruwan shekaru bayan nan. Mun ɗauko su ne saboda wata tambaya da ta shafe mu a yau: idan aka kasa mutane ƙungiya-ƙungiya, aka ce kowa ya tsare ɗan'uwansa, shin laifin mutum ɗaya ya zama na sauran ke nan?

Bari mu fara da yadda suka kasa kansu. A zamanin da sarakuna ke mulkin Rum, mafi ƙanƙantar rukuni mutum takwas ne. Tantinsu na fata ɗaya, alfadarin da ke ɗaukar kayansu ɗaya, dutsen niƙa ɗaya, tukunya ɗaya. Alkama ake ba su tsabarta, su niƙa da kansu, su gasa, su ci tare. Irin wannan tanti guda goma su ne mutum 80, a ƙarƙashin hafsan da sunan muƙaminsa ke nufin shugaban ɗari, duk da cewa mutanensa ba su cika ɗarin ba. Tamanin sau shida 480 ke nan, ana kiransu kohot. Kohot goma su ne lijiyon, runduna mai mutum wajen 5,000.

Kafin wannan tsari akwai wanda ya girme shi, shi ne wanda Polibiyus ya gani da idonsa. Wannan bawan Allah mutumin Girka ne, an kai shi Rum a matsayin garkuwa a shekara ta 167 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya zauna ya rubuta yadda waɗanda suka ci ƙasarsu suke tsara yaƙi. A lokacinsa lijiyon na da ƙungiyoyi 30 da ake kira manipul, kalmar da ke nufin damƙi, wato abin da hannu ɗaya zai damƙa. Ana jera su sahu uku. Matasa a gaba, cikakkun maza a tsakiya, kowane damƙi mutum 120. Tsofaffin hannu a baya, damƙinsu mutum 60. Tsakanin damƙi da damƙi ana barin fili, na baya yana fuskantar giɓin na gaba. Kowane damƙi da hafsoshinsa biyu da alamarsa da yake bi.

Amfanin wannan fili ya bayyana a shekara ta 197 kafin haihuwar Annabi Isa, a wasu tuddai na ƙasar Girka da ake kira Sinosefale, wato kawunan karnuka. Sojojin Sarki Filibus na biyar na Makidoniya suna yaƙi ne a dunƙule, layi goma sha shida, kafaɗa da kafaɗa, kowa riƙe da mashin da tsawonsa ya haura mita biyar. Ta gaba babu mai iya tarar su, kuma a ranar har sun fara tura ɓangaren hagu na Rumawa. Sai wani hafsa daga ɓangaren dama, wanda Polibiyus bai ma faɗi sunansa ba, ya lura cewa bayan Makidoniyawa a buɗe yake. Ya ɓalle damƙi wajen ashirin, ya juya da su, ya afka musu ta baya. Mutumin da ke riƙe da mashi mai mita biyar a tsakiyar cunkoso ba ya iya juyawa. Nan yaƙin ya ƙare. Runduna mai gaɓoɓi ta lanƙwasa hannunta, wadda aka ƙera gungume guda ta kasa.

Mu masu rubuta manhajar kwamfuta wannan lissafi ba baƙo ba ne a wurinmu. Mutum takwas, idan kowa zai san kowa, alaƙa 28 ce tsakaninsu. Mutum tamanin, alaƙa 3,160. Mutum dubu biyar kuwa ta haura miliyan goma sha biyu. Babu ƙwaƙwalwar da za ta riƙe wannan. Shi ya sa babbar manhaja ake yanka ta ƙananan sassa, kowane sashe da 'yan mutanen da ke kula da shi, kowa ya san inda aikinsa ya fara da inda ya tsaya. Taron dubu biyar ba shi da fuska. Mutum takwas kuwa kowa ya san wanda ke minshari, da wanda ke da ciwon ƙafa, da wanda zai tsaya idan ta ɓaci. Sojan da ba zai mutu don majalisar birnin Rum ba, zai ji kunyar guduwa a gaban mutum bakwai da suka ci abincin dare tare.

Namu tsarin na ƙasar Daura da sauran masarautun Hausa ya bi wata hanya. Wanda duk ya taɓa tsayawa kallon hawan Sallah a Daura ya ga ragowarsa: hakimi ya taho da zugarsa, mahaya a gefensa, 'yan ƙasa a gaba, makaɗa a baya, ya wuce, wani ya biyo da tasa. Haka runduna take haɗuwa a da. Sarki ya aika, kowane mai sarauta ya zo da barorinsa da bayinsa da mutanen garuruwan da ke hannunsa, Kaura ya ja gaba. Akwai kuma rabo bisa makami, 'yan lifidi daban, masu baka daban, daga baya 'yan bindiga, kuma masarautu da dama na da sarautu irin su Sarkin Baka don haka. Sai dai girman zuga ba adadi ba ne tsayayye kamar 80 ko 480, ya danganta da arzikin ubangida da farin jininsa. Barumen soja yana bin muƙami ne: shugaban ɗari ya faɗi, mataimakinsa ya maye gurbi, tanti na nan yadda yake. Bahaushen dakare kuwa mutum yake bi. Ƙarfin wannan amana ya kai inda, bayan mutanen Malam Isiyaku sun karɓe Daura wajen 1805 kuma Sarkin Gwari Abdu ya fita, waɗanda suka bi gidan sarautar suka riƙe ta a Zango, maƙwabciyarmu, da Baure har tsawon shekara ɗari, sai a 1906 Malam Musa ya dawo birni. Rauninta kuma shi ne, inda ubangida ya juya, nan zuga ke juyawa, ko da gaskiya ko babu.

Duk da wannan bambanci, tsarin biyu sun haɗu a abu guda: babu mutumin da ba a san mai shi ba. Ko a zaman lafiya haka muka gada. Mai gida, mai unguwa, dagaci, hakimi, sarki. Baƙo ya sauka a gari, akwai wanda za a tambaya. To a nan ne tambayarmu ta taso, domin wannan sani yana iya zama hanyar adalci, yana kuma iya zama igiyar ɗaure marar laifi. Rumawa sun yi amfani da shi ta hanyoyin biyu, kuma kowace da kayan aikinta.

Na farko ɗan allo ne. Polibiyus ya bayyana cewa kowace yamma hafsa yana rubuta kalmar sirrin daren a kan ɗan katako. Mutum ɗaya daga damƙin da ke can ƙarshen sansani ya zo ya karɓa, ya miƙa wa shugaban damƙin da ke kusa da su a gaban shaidu, shi ma ya miƙa gaba, har allon ya dawo tantin hafsa kafin duhu. Idan wani allo bai dawo ba, alamar da ke jikin sauran za ta nuna layin da ya maƙale. Masu gadin dare su ma kowanne da ɗan allonsa mai alama. Mahaya huɗu ke zagaye a cikin dare. Wanda aka tarar a farke, a karɓi allonsa. Wanda aka tarar yana barci ko ya bar wurinsa, mai zagaye ya ce wa abokan tafiyarsa su shaida, ya wuce. Da gari ya waye a ƙirga alluna. Idan ɗaya ya yi ƙasa, an san wurin gadin, an san damƙin, a kira shugabansu ya kawo mutanen da aka ajiye a wurin, a tsayar da su gaba da gaba da mai zagaye. Cikin sansanin mutum dubbai, kafin hantsi an gano mutum ɗaya.

Horon da ke biyo baya mummuna ne. Hafsa ya taɓa mai laifin da sanda, sojoji su rufe shi da kulake da duwatsu, kuma wanda ya tsira da rai ba shi da damar komawa gida. Ba mu yaba wannan ba. Abin da ya burge mu shi ne wahalar da suka ɗora wa kansu don kada su daki wanda bai yi barci ba. A aikinmu ma akwai irin wannan allo: kowane layi da aka rubuta a manhaja, akwai tarihin da ke ajiye sunan wanda ya rubuta shi da ranar da ya rubuta, har umarnin da ake duba shi da shi sunansa a Turance yana nufin zargi. Inda ake da hankali ana duba shi ne don a gano yadda ɓarakar ta faru a gyara. Inda babu irin wannan tarihi, abu na lalacewa sai shugaba ya huce kan kowa.

Kayan aiki na biyu ƙuri'a ce. Idan damƙi guda ko fiye suka watse suka bar wurinsu a fagen fama, hafsa ya tara lijiyon, ya fito da waɗanda suka gudu, a jefa ƙuri'a a fitar da kimanin ɗaya cikin goma. Waɗanda ta faɗa kansu a kashe su da duka a gaban kowa, a hannun mutanen sansaninsu. Sauran a daina ba su alkama a koma ba su sha'ir, a kuma fitar da su su kwana a bayan ganuwar sansani inda babu kariya. Lokacin yaƙi da Sipatakus, bawan nan da ya yi tawaye wanda da yawanmu muka fara sani a fim, Karasus ya farfaɗo da wannan horo wajen shekara ta 71 kafin haihuwar Annabi Isa. A ruwayar Fulutak, ya ware mutum 500 da suka fara gudu, ya kasa su goma-goma, aka kashe ɗaya daga kowane goma. Mutum 50.

Kada mu yi saurin cewa wannan hauka ne kawai, domin yana da hujjarsa, kuma an taɓa faɗar ta a fili. A shekara ta 61 miladiyya wani bawa ya kashe ubangidansa, Fedaniyus Sekundus, wanda shi ne mai kula da birnin Rum. Tsohuwar doka ta ce duk bayin da ke ƙarƙashin rufin gidan a kashe su, kuma su 400 ne, har da mata da yara. Talakawan birni suka fito suna bore. A majalisa wani masanin shari'a mai suna Kasiyus ya miƙe ya kare dokar, kuma Tasitus ya adana jawabinsa. Bai musa cewa marasa laifi za su mutu ba. Ya kawo misalin ƙuri'ar soja, inda jarumi ma kan faɗa cikin waɗanda za a kashe, ya ce amfanin jama'a yana biyan zaluncin da aka yi wa ɗaiɗaiku. Majalisa ta bi shi. Sarki Nero ya jera sojoji a kan hanya, aka wuce da su.

Hujjar Kasiyus tana da ƙarfi ta wuri biyu. Na ɗaya, wani lokacin ƙungiya takan ɓoye mai laifinta, kuma amanar tukunya ɗaya da ke sa mutum ya tsaya a fagen fama ita ce ke sa ya rufe bakinsa a gaban alƙali. Na biyu, tsoro yana aiki. Sojojin Karasus sun ci yaƙinsu. Amma a duba abin da ƙuri'a ke koya wa sojan da ya tsaya har sai da ya ga kowa ya watse. Tsayuwarsa ba ta ƙara masa komai ba, rabonsa da na wanda ya fara zubar da garkuwa ɗaya ne cikin goma. Horon da ba ya bambance su ya daina magana a kan aikin mutum, ya koma magana a kan ikon mai horo. Kuma mai mulkin da ya gano cewa ƙuri'a na wadatar da shi, me zai sa ya ƙara wahalar da kansa da allo? Bincike na cin lokaci, yana buƙatar shaidu, wani lokacin ma yana ƙarewa a ƙofar wanda ba a so a taɓa.

Shari'ar Musulunci da muka tashi a cikinta ta raba wannan gardama ta hanyar da ta fi gamsar da mu. Ƙa'idar da kowane ɗan makarantar allo ya ji ita ce kowane rai da kayansa. Duk da haka fiƙihu ya san aƙila: idan mutum ya yi kisa bisa kuskure, danginsa na wajen uba ke haɗuwa su biya diyya, a hankali, kowa gwargwadon ƙarfinsa. Har malamai sun yi maganar cewa waɗanda ke cikin rajistar soja ɗaya na iya zama aƙilar juna. Ke nan ƙungiya na iya ɗaukar nauyi. Amma idan kisan ganganci ne, ƙisasi ba ya tsallake wanda ya yi ya faɗa kan ƙanensa. Ana raba asara, domin dukiya ce, ana iya mayar da ita, kuma tallafi ne ga wanda tsautsayi ya faɗa wa. Laifi kuwa ba ya rabuwa goma. Duniya ma ta zo ga wannan a makare: yarjejeniyar Janiba ta huɗu ta 1949, a sashe na 33, ta haramta horon gama-gari a kan farar hula.

Abin da ya fi tayar mana da hankali shi ne wannan. Karasus, duk da rashin imaninsa, a cikin mutum 500 da suka gudu ya jefa ƙuri'arsa. Bai haɗa da waɗanda ba su je fagen ba. Irin da ƙasarmu ta gani ba ta da ko wannan iyaka. A Maris na 1906, bayan mutanen Satiru da ke kusa da Sakkwato sun kashe wasu Turawa da sojojinsu a watan Fabrairu, an shafe garin baki ɗaya, ba a tsaya tantance wanda ya ɗauki gatari da wanda bai ɗauka ba. A yau kuma, a yammaci da kudancin jiharmu da Zamfara, an sha ganin 'yan bindiga su kai hari, sai 'yan sa-kai su nufi rugar da ta fi kusa ko su tare Bafulatanin da ya zo cin kasuwa. Su kuma 'yan bindiga su dawo su ƙone ƙauyen da ɗan sa-kai ɗaya ya fito. Wake ɗaya ke ɓata gari, in ji masu wannan aiki. Ai kuwa mai hankali waken yake tsincewa.

Akwai kuma mai laushi, wadda ba ta zubar da jini. A Nuwamban 2019 aka hana kai mai gidajen man da ke cikin kilomita 20 daga iyaka saboda masu fasa-ƙwauri, kuma Mai'adua na cikin wannan da'ira. A Satumban 2021 aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na Katsina saboda masu kai wa 'yan bindiga rahoto. Bayan juyin mulkin Nijar na 26 ga Yulin 2023 aka rufe iyaka har zuwa Maris na 2024, hanyar Kwangwalam ta yi tsit, kasuwar Lahadi ta ji a jikinta, alhali mai sayar da raguna daga Matamaye ba shi ya tsare shugaban ƙasa ba. Za a ce waɗannan matakan tsaro ne, ba horo ba, kuma akwai gaskiya a ciki. Wani lokacin gobara na sa a rushe dangar maƙwabci. Amma wanda aka rushe wa danga yana da haƙƙin tambaya uku: yaushe za a gama, wa zai gyara, kuma ana ci gaba da neman wanda ya kunna wutar? Idan babu amsa ko ɗaya, to sha'ir ne aka ba shi aka ce ya kwana a bayan ganuwa.

Maganar ba ta tarihi kaɗai ba ce, domin yanzu haka ana sake kasa mu ƙananan rukunoni. Unguwanni na da 'yan sintirinsu, kuma tun Oktoban 2023 jihar Katsina ta ƙaddamar da rundunar tsaron al'umma wadda ake ɗaukar matasanta daga garuruwansu. Dabara ce mai kyau, dabarar damƙi ce: wanda ya san gari shi zai ga giɓin da babban hafsa ba zai gani ba. Sai dai matasa takwas da ke kwana waje ɗaya za su zama abin da tantin Rumawa ya zama. Za su tsaya wa juna idan an kawo hari, kuma za su rufa wa juna asiri idan ɗayansu ya daki wanda ake zargi har ya mutu. Wa'azi kaɗai ba zai raba waɗannan biyun ba, domin daga tushe ɗaya suke fitowa. Abin da ke raba su littafi ne na naira kaɗan a hannun mai unguwa: wa ya fita daren jiya, wane lungu aka ba shi, wa aka kama, ƙarfe nawa, wa ya karɓe shi, da wane hali aka miƙa shi ga 'yan sanda. Wayar da mai karatu ke riƙe da ita yanzu ma ta isa ta yi wannan aiki.

Saura mai riƙe da littafin. Rumawa sun yi tunaninsa shi ma. Mahayin da ke zagayen dare ba ya fita shi kaɗai, da abokai yake tafiya don su zama shaidu, kuma an rubuta masa wuraren da zai duba da lokacin da zai duba su. Da safe idan allo ya yi ƙasa, shi ma a tsaye yake a gaban hafsa. Idan shaidu suka tabbatar mai gadi barci yake, mai gadi ya ɗauka. Idan kuwa ta bayyana cewa mai gadi na nan a farke, mai zagayen ne bai iso wurin ba, shi sandar hafsa ke taɓawa.